Tsohuwar mota tana juyawa amma taƙi tashi: yanda zaka bi sawun wutar filogi

Idan ka murɗa makulli kaji inji yana juyawa garau amma mota taƙi kamawa, to cikin abu uku akwai wanda injin nan bai samu ba, ko mai, ko matsin iska a cikin silinda, ko kuma wuta a bakin filogi a daidai lokacin da ya kamata. Ni akan wutar zanyi magana, musamman ta tsofaffin motocin nan masu distiributa, wato abinda ke rabawa filogi wuta, da kwantak, wato ƴan ƙarafa biyu a cikinsa masu haɗa baki su buɗe, don su ne na fi sabawa dasu kuma su ne mutum zai iya gyarawa da hannunsa a gefen hanya in ya san inda zai duba.

Abinda yake damuna kullum shine da zarar ance mota ba wuta sai kaga an tafi kai tsaye an ciro koyil ance shine ya mutu. A sayo sabo a saka, mota taƙi tashi, a koma kan kwandensa, daga nan filogi, daga nan wayoyi, a ƙarshe an canza abu biyar kuma ko motar ta tashi ba wanda ya san me ya gyarata. Wallahi koyil yana cikin abubuwan da suka fi daɗewa a mota, sau da yawa laifin na wata ƴar waya ce ko datti a bakin kwantak. Wuta hanya ɗaya take bi, daga batir har zuwa filogi, in ka bita tasha bayan tasha dole ka tarar da inda ta tsaya.

Bari na ɗan faɗi yanda abin yake aiki don in ka gane wannan sauran duk mai sauƙi ne. Koyil waya ce kala biyu aka naɗe akan ƙarfe ɗaya, mai kauri wadda naɗinta ƴan ɗaruruwa ne, da siririya kamar gashi wadda naɗinta dubbai ne. Wutar batir bolt 12 tana shiga mai kaurin ta fita ta ɗaya ƙafar ta tafi wajen kwantak a cikin distiributa, in bakin kwantak a haɗe yake sai wutar ta sauka jikin inji ta koma batir, abinda makanikai ke cewa at kenan. A lokacin nan koyil yana tara ƙarfin maganaɗisu. Da zarar gwiwar sandar distiributa ta ture kwantak ya buɗe baki, wutar ta yanke farat ɗaya, maganaɗisun ya rushe, rushewar nan ce take haifar da wuta mai ƙarfi a siririyar wayar, bolt dubu 15, dubu 20 ko sama da haka. Ka riƙe wannan da kyau, tartsatsi yana fitowa ne lokacin da kwantak ya BUƊE, ba lokacin da ya haɗu ba. Kwandensa kuma aikinsa ya shanye wutar da take son tsallaka bakin kwantak a lokacin buɗewar don yankewar tayi tsaf kuma bakin kar ya ƙone. Daga saman koyil babbar waya ta kai wutar tsakiyar murfin distiributa, rota yana juyawa a ciki yana rabawa kowace silinda nata. Wani injiniya ɗan Amurka Charles Kettering ne ya fito da tsarin, motar Cadillac ta fara amfani dashi a 1910, sunan kamfaninsa Delco, shi yasa har yau masu jin Faransanci suke ce wa distiributa delko. Sama da shekara 60 yawancin motocin fetur a duniya da wannan tsarin suka riƙa tafiya.

Kayan aiki ba wasu masu yawa bane. Kwan gwaji na bolt 12 mai waya da ɗan abin maƙalawa, wanda kana iya haɗa naka da ƙaramin kwan mota, mita mai auna bolt da om, wato ma'aunin yanda waya ke tare wuta, in da hali, sukundireba, sifanar filogi, filaya mai roba a hannu, ma'aunin gibi mai ganye-ganyen ƙarfe, da ƙyalle mai tsafta. A gaskiya kwan gwajin nan shi zai maka fiye da rabin aikin.

Kafin ka taɓa komai ka cire giya ka ja birkin hannu. Kar kayi gwajin tartsatsi kusa da kafireta ko inda fetur ya zuba, kuma in ka ciro filogi kar ka gwada shi a bakin raminsa don tururin mai yana fitowa daga nan idan inji na juyawa, zai iya kamawa da wuta. Babbar wayar nan kar ka riƙe da hannu tsirara, ka sa filaya mai roba ko ka jingina ta ka janye hannunka, mai na'urar taimakon bugun zuciya a ƙirji kuwa kwata-kwata ya bar wa wani wannan gwajin. Ka kula da fanka da bel, kar hannun riga ya shiga.

Toh, batir da farko. Cikakken batir yana nuna kamar bolt 12.6 in mota a kashe take, kuma lokacin da ake bada kik bai kamata ya faɗi ƙasa da wajen 9.6 ba. Mutane suna raina wannan saboda suna jin inji yana juyawa, amma kik yana da haɗama, in batir ya yi sanyi shi zai kwashe kusan duk abinda ke akwai ya bar koyil da yunwa, sai ka samu tartsatsi mai rauni wanda bazai kunna mai ba. Alamarsa shine mota taƙi tashi da makulli amma ana turata ta tashi nan take. Ka duba kan batir ko ya yi farin gari ko ya saki, ka duba wayar da ta haɗa inji da bodi, in ta tsinke ko tayi tsatsa itama tana kawo irin wannan. Wasu tsofaffi sosai kamar Volkswagen Beetle na farkon shekarun 1960 bolt 6 suke, wasu tsofaffin motocin Ingila kuma fozitif ne yake haɗe da bodi maimakon negatif, saboda haka ka san wacce kake da ita kafin ka fara auna komai.

Yanzu ka tabbatar da gaske wutar ce babu. Ciro wayar filogi ɗaya, ka saka mata wani filogi mai kyau, ka kwantar da ƙarfen jikinsa akan ƙarfen inji inda ba fenti, wani ya bada kik kai kana kallo. Abinda kake nema tartsatsi ne shuɗi ko fari mai ƙara tas-tas-tas a jere. In ja ne ko rawaya siriri, yana zuwa yana ɗaukewa, kar ka yarda dashi, don a fili wuta tana tsallaka ɗan gibin filogi cikin sauƙi amma a cikin silinda inda iska take a matse tana buƙatar ƙarfi fiye da haka nesa ba kusa ba. Shi yasa nafi son gwadawa da gibi mai faɗi, kamar milimita 6. In da rana tsaka ne ka sa hannu ko ƙyalle kayi inuwa don ka gani sosai. Idan wuta tana nan da ƙarfinta to ka bar wayoyi su huta, ka koma wajen mai ko taimin, wato saitin lokacin da tartsatsi ke fitowa.

In babu, ga gwajin da yake raba gardama. Ciro babbar wayar da ta taso daga koyil daga tsakiyar murfin distiributa, ka bar ɗaya kan a jikin koyil, ka kusantar da bakinta da ƙarfen inji kamar milimita 6 sannan a bada kik. Wannan gwajin guda ɗaya ya raba maka tsarin gida biyu. In wuta ta fito da ƙarfi, to batir, makulli, koyil, kwantak da kwandensa duk sun fita daga zargi, matsalarka tana tsakanin murfi, rota, wayoyi da filogi. In bata fito ba to matsalar tana baya, kuma ba amfanin ka ɓata lokaci akan filogi.

Mu fara da mai sauƙin, wato akwai wuta a babbar waya amma bata kai filogi. Buɗe murfin distiributa ka juya cikinsa ka kalla a haske. A tsakiya akwai ɗan gawayi mai sifirin a bayansa wanda yake taɓa kan rota, ka danna shi da yatsa kaji ko yana dawowa, wani lokacin ya cinye ne ko ya maƙale a ciki ko ma ya faɗi gaba ɗaya. Ka nemi tsagewa, ka nemi wani siririn baƙin layi kamar an zana da fensir daga wata ƙafa zuwa wata ko zuwa gefen murfi, wannan hanya ce wuta ta ƙona wa kanta, kuma in ta riga tayi hanyar to nan zata riƙa bi kullum, gogewa baya maganinta sai dai ya kai ka gida, murfin ya tashi aiki. Danshi ma babban abokin gaba ne, motar da taƙi tashi da sassafe bayan ruwan sama ko bayan an wanke inji, sau da yawa ka buɗe murfi ka goge da busasshen ƙyalle shikenan ta tashi.

Rota kuwa munafuki ne don yana iya lalacewa ka kalle shi kaga lafiya lau. Robarsa tana hujewa ta ciki wuta ta riƙa zurarewa ta cikin sandar distiributa ta tafi bodi. Gwajinsa haka yake: murfi a buɗe, rota a wajensa, ka kawo bakin babbar wayar nan kusa da ƙarfen saman rota kamar milimita 3 zuwa 6 a bada kik. Rota mai lafiya bashi da hanyar zuwa bodi, don haka bai kamata wuta mai ƙarfi ta tsallaka masa ba. In kaga tana dira akansa tas-tas to ya huje. Na taɓa kwana biyu akan wata mota da aka riga aka canza mata koyil da kwandensa da filogi huɗu, rota ɗinta sabo ne fil shi yasa ba wanda ya zarge shi, sai da nayi wannan gwajin naga wuta tana shigewa cikinsa. Tsohon da aka jefar a but na ɗauko na mayar, bugu ɗaya ta tashi. Tun ranar na daina ɗaukar sabon kaya a matsayin shaida cewa wajen lafiya yake, kuma ina roƙon kowa in ya canza abu ya ajiye tsohon.

Wayoyin filogi da wuya su mutu duka a rana ɗaya, su sunfi kawo gargada da rawar inji. Amma ka auna su da mita, masu gawayi a ciki zasu nuna om dubu kaɗan zuwa dubu goma sha wani abu gwargwadon tsawo, wadda bata nuna komai ba ta katse a ciki. Ita babbar ta tsakiya in ta katse kam duk silinda sun rasa. Da daddare in inji yana aiki ka buɗe bonet a duhu, wayoyin da suka tsufa zaka ga wuta tana yawo a jikinsu. Filogi kuma in anyi ta bada kik mota bata tashi ba zaka same su jiƙe da fetur, wuta sai ta bi jikin jiƙar maimakon ta tsallaka gibi, saboda haka ko ka gyara ainihin matsalar motar na iya ƙin tashi sai ka ciro su ka busar ka goge. Gibinsu a yawancin masu kwantak milimita 0.6 zuwa 0.8 ne.

Yanzu ɗaya gidan, babu wuta ko a babbar waya. Anan ne aikin yake da daɗi. Tun murfi yana buɗe ka sa a bada kik ka kalli rota, yana juyawa? In inji na juyawa shi yana tsaye cak to ba maganar wuta bace, bel ɗin taimin ne ya tsinke ko haƙoran da ke juya distiributa suka cinye ko fil ɗinsu ya karye, kuma in bel ne ka daina bada kik nan take don a wasu injina fistin yana dukan bawul.

In yana juyawa ka dawo kan koyil. Ƙananan ƙafafu biyu ne, ɗaya da alamar + ɗaya da alamar −, a kayan Jamus irin na Bosch zaka ga an rubuta 15 da 1, a tsofaffin na Ingila SW da CB. Kunna makulli ka ɗora kwan gwaji tsakanin ƙafar + da bodi. In bai kama ba wuta bata iso ba, ka bi baya, makullin kansa, fis in motar tana dashi a layin, soket da ya saki, ko wani makunnin ɓoye da wani mai motar na baya ya saka saboda ɓarayi, wannan na ƙarshen ya sha wahalar da mutane don ba wanda ya san dashi. Kuma kar ka tsaya a kunna makulli kawai, ka duba lokacin da ake bada kik ma, saboda makullin da ya cinye yana iya bada wuta a matakin farko ya ɗauke ta a matakin kik. Alamar wannan itace mota tayi kamar zata kama daidai lokacin da ka saki makulli.

Akwai kuma motocin da suke da balas, wani ɗan farin tangaran mai waya a ciki ko kuma waya ta musamman a cikin damin wayoyi, aikinsa ya rage wutar da ke zuwa koyil zuwa kamar bolt 7 zuwa 9 lokacin da inji ke aiki, lokacin kik kuma wata waya daga wajen kik ɗin ta tsallake shi ta kai cikakkiyar wutar batir. In balas ya ƙone alamarsa bata ɓuya, mota zata tashi muddin kana riƙe da makulli, kana saki ta mutu. Abu ɗaya da yake rikita masu mita anan, in kwantak a buɗe yake zaka ga bolt 12 a koyil ko da akwai balas don wuta bata gudana, sai bakin ya haɗu sannan zaka ga ta sauka. In kana son tabbatarwa da sauri ka ja waya daga fozitif ɗin batir kai tsaye zuwa ƙafar +, in ta tashi ka san matsalar tana layin makulli ko balas. Amma na gwaji ne kawai, motar bazata mutu da makulli ba sai ka cire wayar, kuma koyil ɗin da aka yi don balas in ya daɗe da cikakkiyar wuta zaiyi zafi ya ƙona kwantak.

To wuta ta iso ƙafar +. Yanzu maida kwan gwaji tsakanin ƙafar − da bodi a bada kik. Wannan shine gwajin da nafi ƙauna a duk aikin. In komai lafiya kwan zai riƙa ƙiftawa, ya kama in kwantak ya buɗe, ya mutu in ya haɗu. Amsa uku ce zaka iya samu kuma kowacce tana nuna maka waje daban.

In kwan ya kama ya tsaya a kunne baya ƙiftawa, ma'ana wuta bata samun hanyar sauka bodi. Ko bakin kwantak yayi datti ko ya ƙone, ko gibin yayi faɗi har baya haɗuwa, ko siririyar wayar da ta taso daga koyil zuwa distiributa ta katse a cikin robarta, ko kuma wata ƴar saƙaƙƙiyar waya da ke cikin distiributa wadda ta haɗa farantin da kwantak ke zaune akai da jikin distiributa ta tsinke. Ita wannan ta ƙarshen kusan kowa yana manta ta, kuma tana tsinkewa ne saboda farantin yana motsi kullum in an taka totur.

In kwan yaƙi kamawa kwata-kwata, to ko kwantak baya buɗewa saboda ƴar robar da gwiwa ke turawa ta cinye ko sukurun ya saki, ko wani abu yana zubar da wutar a bodi, ko kuma naɗin cikin koyil ya katse. Rabe su ba wuya. Cire duk wayar da ke ƙafar − ka sake ɗora kwan a ƙafar. In ya kama koyil yana wuce da wuta, laifin yana can wajen distiributa, kwandensa ne ya haɗe ta ciki, ko waya ta goge tana taɓa ƙarfe, ko wanda ya saka kwantak ya ɗora ƴan robobin da ke raba wayar da bodi ba daidai ba, wannan yana yawan faruwa in motar taƙi tashi daga canza sabon kwantak. In motar tana da agogon juyin inji wayarsa ma a ƙafar nan take, itama tana iya zama mai laifin. In kuma bayan ka cire wayoyin kwan bai kama ba alhali akwai wuta a +, to yanzu kam kana da hujjar kama koyil.

In kwan yana ƙiftawa daidai amma duk da haka ba tartsatsi ko yana da rauni, saura biyu, kwandensa ko koyil. Juya inji da hannu har kwantak ya haɗu, kunna makulli, ka ɗaga hannun kwantak da tsinke ko wani abu na roba kana kallon bakinsa da kuma babbar waya. In kaga wuta mai yawa tana tashi a bakin kwantak amma ta babbar waya ƴar kaɗan ce, kwandensa ne. Wata shaidar itace bakin kwantak yayi shuɗi ko baƙi ya ƙone da wuri. Ƙarfinsa wajen maikirofarad 0.2 ne kuma mita ta gama-gari bata faɗa maka gaskiyarsa sosai, hanya mafi sauƙi ka gwada wani wanda ka tabbatar yana aiki. Ka tabbatar kuma sukurun da ya ɗaure shi ya kama da kyau don ta jikinsa yake samun at.

Shi koyil ka cire masa wayoyi ka auna. Tsakanin + da − wanda ba na balas ba yana bada kamar om 3, na balas kamar 1.5, na motoci masu lantarki kuma yawanci ƙasa da 1. Tsakanin ramin sama da ɗaya daga ƙananan ƙafafun kamar om dubu 6 zuwa dubu 15 gwargwadon iri. Ka dubi hancinsa ko ya tsage ko yana da baƙin layin nan, ka duba ko yana yoyon mai. Kuma don Allah in zaka canza ka sa irin nasa, in ka ɗora koyil mai om ƙasa da 1 akan kwantak wuta zata yi yawa ta cinye bakin cikin ƴan kwanaki, in kuma ka ɗora mai om 3 a bayan balas zaka samu tartsatsi mai rauni. Kar ka juya ƙafafun, motar zata tashi amma wutar ta ragu. Koyil mai mutuwa da zafi shi kuma mita bazata kama shi a sanyi ba, mota tayi tafiyar minti 20 ko 30 ta mutu, ta huce ta tashi, in haka ne kayi gwajin babbar waya nan take tun tana da zafi.

Gyaran kwantak kuma, makulli a kashe tukuna. In ƙonewar kaɗan ce ka goge bakin da siririyar zarto ko samfefa mai laushi sosai, sannan ka ja farar takarda mai tsafta a tsakani har ta fito ba datti, ƙwayar yashi ɗaya in ta maƙale ta isa ta hana shi haɗuwa. Sabo ma ka goge shi don yana zuwa da ɗan maiƙo a baki. In ɗaya gefen yayi rami ɗayan yayi tsini gara ka canza shi da kwandensa tare. Wajen saiti ka juya inji har ƴar robar ta hau kan ƙololuwar gwiwa, inda baki ya buɗe iyakarsa, ka sassauta sukuru ka zura ganyen ma'auni, a Beetle da Peugeot 504 da yawancin masu silinda 4 milimita 0.4 ne, ya shiga yana ɗan gogawa kaɗan, ka ɗaure ka sake aunawa don yana gocewa wajen ɗaurewa. Ka shafa ɗan giris kamar kan ashana a jikin gwiwar, kar ya wuce haka don in yayi yawa zai fantsama bakin. Ka kama sandar ka girgiza ta gefe da gefe, in tana wasa sosai bushin ya cinye kuma gibin bazai taɓa zama ɗaya ba komai ƙwarewarka. Sannan ka daina barin makulli a kunne inji a kashe, in bakin a haɗe ya tsaya wuta tana ta gudana tana dafa koyil da kwantak.

Daga shekarun 1970 aka fara barin kwantak, Chrysler ta koma na lantarki a farkonsu, General Motors ta biyo da nata mai suna HEI wajen 1975, zuwa shekarun 1980 kusan kowa ya koma. In taka irin wannan ce hanyar bin sawun bata canza ba, an dai cire kwantak an sa mai jin juyin sanda da wani ɗan akwati mai yanke wutar, wanda ake cewa modul ko igniṭa, shi ke yin aikin buɗewa da rufewa. Kwan gwaji a ƙafar − zai ƙifta haka nan. In bai ƙifta ba ka duba ko modul yana samun wuta da at, sannan mai jin juyin. Mai waya biyu na maganaɗisu ne, ana auna shi da om, daga ɗari da wani abu zuwa wajen 1500 gwargwadon mota, kana aunawa kana motsa wayoyinsa don suna karyewa ta ciki. Mai waya uku irin na Volkswagen Golf da Audi na shekarun 1980 kar ka auna shi da om, shi sai an bashi wuta ake ganin yana yankewa. Modul zafi ne ajalinsa, shi ma yana yin halin nan na mutuwa a tafiya ya dawo in ya huce, in zaka sa sabo ka shafa farin man nan mai janye zafi a bayansa. A Honda da Toyota na ƙarshen shekarun 1980 zuwa na 1990 da yawa koyil da modul duk a cikin distiributa suke, in robar da ke tare man inji ta lalace mai ya shigo ya jiƙa su. Kuma a duk masu lantarki kar ka bada kik babbar waya tana reto ba inda wutar zata sauka, ƙarfinta zai koma ya huda koyil ko modul.

Bayan wuta ta dawo ka duba taimin, don duk sanda ka taɓa gibin kwantak lokacin tartsatsi ya motsa, gibi ya ƙaru wuta tayi sauri, ya ragu tayi latti. Shi yasa ake fara saita gibi sannan taimin. Ba sai da fitilar taimin ba a masu kwantak, ka juya inji yanda yake juyawa har alamar fuli ta zo daidai inda littafin motar ya ce, rota yana kallon wayar silinda ta 1, ka sa kwan gwaji a ƙafar −, ka sassauta distiributa ka juya shi kaɗan ta inda rota ke juyawa har kwan ya mutu, sannan ka dawo dashi a hankali har daidai inda kwan ya kama, nan zaka ɗaure. In ka cire wayoyin filogi duka ka mayar dasu bisa jerin motar kana bin inda rota yake juyawa, yawancin masu silinda 4 a layi 1-3-4-2 ne, Beetle 1-4-3-2, masu 6 a layi 1-5-3-6-2-4. Mai Peugeot 504 ya kula, silinda ta 1 ana ƙirga ta ne daga wajen giya ba daga wajen fanka ba. In kaji tana harbi ta kafireta ko ta salansa bayan ka gama, to wayoyi ne suka sarƙe ko kuma ka saita akan wata silinda maimakon ta 1, a masu 4 a layi ta 4 kenan, don distiributa yana juyi ɗaya ne a duk juyi biyu na inji, alamar fuli tana zuwa sau biyu kenan. Ciro filogi na 1 ka toshe ramin da yatsa, makulli a kashe, a juya inji da sifana, inda kaji iska tana ture yatsanka alamar tana tahowa, wannan zuwan shine naka.